Wane Dandamali Malam Yake Nufi? Martani Daga Azare

Na karanta maƙalar da wani malami ya rubuta kwanakin baya a kan 'yan wasan finafinan Hausa, kuma tun da na ajiye ta na san ba zan iya yin shiru ba. Ga abin da ya ce a taƙaice. 'Yan wasanmu ba su iya wasa ba saboda ba su bi ta dandamali ba. A Ingila, in ji shi, sai mutum ya yi makarantar koyon wasan kwaikwayo, ya shafe shekaru yana wasan daɓe a gaban jama'a, kafin a bar shi ya tsaya gaban kyamara, kuma ya kafa hujja da Laurence Olivier da Judi Dench da Ian McKellen. Mu kuwa Hausawa, a ganinsa, ba mu gaji dandamali ba, daga sama muka faɗo cikin fim, shi ya sa duk yaron da Allah ya ba kyan fuska kuma ya iya rawa sai ya wayi gari ana ce masa jarumi. Magani biyu ya kawo: a hana kowa fitowa a fim sai mai takardar shaidar karatun wasan kwaikwayo, sannan gwamnatoci su gina manyan gidajen wasa irin na Landan. Da ya tashi ba da misalin garuruwan da ba su san komai a wannan sana'a ba sai kallo, sai sunan Azare ya faɗo a bakin alƙalaminsa. Ba zan ɓoye ba, wannan ya ƙara zaburar da ni. Amma ko Gumel ya ambata ko Funtuwa, amsar ba za ta canza ba.

Ciwon da Malam ya gani gaskiya ne. Duk mai kallon finafinanmu ya san jarumin da fuskarsa ɗaya ce, ko an ce masa mahaifiyarsa ta rasu ko an ce ya samu kujerar Makka. Ya san jarumar da kukanta ba ya wuce leɓe, da dattijon da kullum sai ya ɗaga murya kafin a gane ransa ya ɓaci. A kan wannan ba ni da ja. Inda muka raba hanya shi ne wajen gano asalin ciwon, kuma wanda ya kuskure asalin ciwo ba a sa ran maganinsa zai yi aiki.

Mu fara da Ingilar da ya jingina da ita. Ian McKellen, wanda aka haifa a 1939, bai taɓa zama ajin makarantar koyon wasa ba. Adabin Ingilishi ya karanta a Jami'ar Kambirij, yana wasa a ƙungiyoyin ɗalibai kamar yadda namu suke yi a kulob ɗin dirama, sai a 1961 ya samu aiki a gidan wasa na Belgrade da ke garin Coventry. Da dokar da Malam yake nema tana aiki a can, da tun a bakin ƙofa aka mayar da shi, kuma da ba a gan shi ya fito a matsayin Gandalf a fim a 2001 ba. Michael Caine, ɗan wani mai dakon kifi a kasuwar Landan, shi ma bai yi makarantar ba. Da ya dawo daga aikin soja a Koriya sai ya shiga wata ƙaramar ƙungiyar wasa a Horsham a 1953, yana ɗaukar kaya a bayan labule, ana ɗan saka shi a wasa in an rasa mutum. Kyautar Oska biyu ya ci daga baya.

To me ya horar da su? Wani tsari ne da Malam bai ambata ba ko sau ɗaya. A wancan zamani kusan kowane gari mai ɗan girma a Birtaniya yana da ƙungiyar 'yan wasa ta dindindin, ana biyan su kowane mako, su kuma suna kawo sabon wasa kowane mako ko mako biyu. Da safe ana gwajin wasan mako mai zuwa, da rana ana hadda, da dare a yi na wannan makon a gaban mutanen da suka sayi tikiti da kuɗinsu. Saurayi ɗan shekara 22 zai fito a tsoho yau, mako mai zuwa ɗan sanda, na gaba ɓarawo, na gaba limamin coci. Kuma 'yan kallon nan su ne dai suke dawowa, saboda haka dabarar da ta ba su dariya a makon jiya in ka maimaita ta sun gano ka. Mutum ya shekara uku a haka, ko bai so ba sai ya iya. Olivier da kansa a irin wannan ƙungiya ya goge, a Birmingham, a ƙarshen shekarun 1920. McKellen kuwa ya sha kokawa a bainar jama'a cewa tsarin ya mutu a ƙasarsu, yana tsoron ba za a sake samun irin su Judi Dench ba. Wato abin da Malam yake so mu kwaikwaya, masu shi ma suna zaman makokinsa.

Akwai kuma batun kuɗi. Hukumar birnin Coventry ce ta gina gidan wasan Belgrade, aka buɗe shi a 1958. Tun 1946 Birtaniya take da hukumar da ke raba kuɗin gwamnati ga harkokin fasaha. Ƙungiyar ƙwadagon 'yan wasa tana nan tun 1930, tana tsaya musu a kan mafi ƙarancin abin da za a biya mutum. Ga wani abu da ya kamata masu ɗokin gini su lura da shi: lokacin da aka kafa ƙungiyar wasa ta ƙasa a 1963, Olivier yana shugabanta, ba ta da gidan kanta. A gidan Old Vic ta zauna, ginin nata da ke bakin kogin Tems sai a 1976 aka buɗe shi. Shekara 13 ana wasa a gidan aro. Mutanen aka fara tarawa, bulo ya biyo baya.

Sannan wa ya ce wanda ya iya daɓe ya iya kyamara? Olivier ya je Amurka yana raina fim, yana ganin sana'ar waɗanda suka kasa wasan gaskiya ce. A wajen ɗaukar Wuthering Heights, wanda ya fito a 1939, darakta William Wyler ya yi ta mayar da shi baya yana sake fitowa ɗaya har sai ya gaji, don ya rage hayaniyar da ya taho da ita daga dandamali. Daga baya Olivier ya amsa da bakinsa cewa Wyler ne ya koya masa wasan fim. Dalilin a fili yake. Mai wasan daɓe yana magana ne don na layin ƙarshe ya ji, yana motsi don na nesa ya gani. Kyamara kuwa tana kusa da hancinka, ƙiftawar ido ma tana kamawa. Rabin ihun da Malam yake kuka da shi a bakin wasu dattawan fim ɗinmu, in ya duba da kyau, guzurin daɓe ne da ba a samu daraktan da zai sauke musu shi ba.

Judi Dench ta fara da matsayin Ophelia a Old Vic a 1957. Duniyar fim ba ta san ta sosai ba sai a 1995, da ta fito a shugabar James Bond a GoldenEye, tana da shekara 60. Oskar da ta ci a Shakespeare in Love, fitowarta duka ba ta wuce minti 8 ba. Malam ya kawo wannan a matsayin shaidar ƙwarewa, kuma haka ne. Ni tambayar da nake yi ita ce, wa ya ciyar da ita a shekaru 38 da ke tsakani? Albashin gidajen wasa da na talabijin. Wace 'yar wasa ce a ƙasar Hausa za ta iya jiran shekara 38 tana cin abinci da sana'ar kafin tauraruwarta ta haska?

Yanzu mu dawo gida, ga maganar da ta fi yi mini ciwo, wai ba mu gaji dandamali ba.

Malam ya zo Azare daga goma ga watan azumi, ya zauna a wani zaure a Ƙofar Gabas ko Nasarawa bayan an sha ruwa. Zai ji gwangwani da kiɗan jarka sun doso. Yara ne, ɗaya ya manna auduga a haɓa, ya naɗa tsumma a ka, ya cusa tsummokara a cikin riga ta zama tumbi, yana dogara karan dawa. Za su yi sallama su shiga tsakar gida, matan gida suna zaune a tabarma, wata tana kwashe sauran kunu. Abin da nake so ya kalla shi ne yaron nan mai gemun auduga. A gidan farko zai ranƙwafa fiye da kima, ya yi ta surutu ba kai ba gindi, babu wadda za ta yi dariya, a ce musu Allah ya ba da haƙuri su fita hannu rabbana. Abokansa za su zage shi a lungu. Kafin su kai gida na biyar ya gano cewa in ya yi tari tukuna, ya ɗan tsaya kamar ya manta abin da zai faɗa, sannan ya saki maganar, har kakar gidan sai ta riƙe ciki, kuma kwanon gero ya fito. Babu wanda ya koya masa, shirun mata ne ya koya masa. 'Yan mata su ma suna nasu, Mairama da Daudu, suna kwaikwayon zaman aure da gorin miji a gaban iyayen da ake kwaikwayo. Ban ce tashe kaɗai zai fitar da wanda zai ɗauki fim na awa biyu a kafaɗarsa ba. Amma abin da saurayin Coventry yake samu daga masu tikiti, wato hukuncin 'yan kallo nan take, shi wannan yaro yake samu daga masu kwanon gero.

Ga 'yan kama, masu zama kamar malamai suna jan baƙi, alhali wa'azin nasu duk a kan tuwo da miya da nama ne. Ga wasan gauta, inda matan fada suke kwaikwayon sarki da fadawansa, har sarkin ya ga kansa. Ga kalankuwa bayan kaka, samarin ƙauye su naɗa gwamnansu da alƙalinsu da 'yan sandansu, a yi kwanaki ana shari'ar wasa. Duk waɗannan suna da 'yan wasa da kayan shiga da 'yan kallo da lada. Kujeru jere da labulen karammiski ne kawai babu.

In kuma rubutaccen wasa Malam yake nufi, to ƙasar Bauci ba wurin da za a yi wa gori ba ce. Malam Aminu Kano ya zo koyarwa Makarantar Midil ta Bauci a 1942, makarantar da ke ɗibar yaran lardin duka har da na Katagum, kuma ya zo da wasannin da ya fara rubutawa tun yana ɗalibi a Kaduna. Da su yake sa ɗalibai su nuna zaluncin masu riƙe da mulki da cutar 'yan kasuwa, a lokacin da faɗin haka a fili yana iya jawo wa mutum ɗauri. A wannan makaranta Abubakar Tafawa Ɓalewa yake koyarwa, kuma littafinsa Shaihu Umar shi ne amsar da ta fi kowace ƙarfi ga maƙalar Malam. Umaru Ladan da Dexter Lyndersay suka mayar da shi wasan daɓe, sannan Adamu Halilu ya mayar da shi fim a 1976, Umaru Ladan ɗin ya fito a Shaihu Umar. Daga littafi zuwa dandamali zuwa majigi, hanyar nan dai da Malam yake yabon Turawa da ita, da Hausa, shekara 14 kafin a yi fim ɗin bidiyo na farko a Kano. An gyara fim ɗin an nuna shi a bikin finafinai na Balin a ƙasar Jamus a 2018. Ina shakkar ko cikin masu zagin 'yan wasanmu akwai ɗaya cikin goma da ya taɓa kallon sa.

Ban da wannan akwai Wasan Marafa na Abubakar Tunau, da Jatau Na Kyallu na Shu'aibu Maƙarfi wanda a rediyo aka fara jin sa, da Uwar Gulma na Mohammed Sada, da Kulɓa Na Ɓarna na Umaru Ɗanjuma Katsina, wanda shi ma ya zama fim a farkon shekarun 1990. Mu da muka yi makaranta a wancan lokaci ba karanta su kawai muke yi ba. Ana haɗa teburan aji a ɗakin cin abinci, a rataya zanin gado, ranar hutun ƙarshen zango a yi wasa, shugaban makaranta yana zaune a gaba.

Daga irin wannan ƙasa manyan suka tsiro. Marigayi Ƙasimu Yero, mutumin Zariya, ya yi Karambana a talabijin ta Kaduna, ya yi Magana Jari Ce, ya fito a Uncle Gaga a shirin Cock Crow at Dawn na Turanci da aka riƙa kallo a faɗin Nijeriya tun 1980. Mutum ɗaya, harshe biyu, kuma a kowanne sai ka rantse haka aka haife shi. Ya rasu a Kaduna ran 3 ga Satumba 2017. Usman Baba Pategi, Samanja Mazan Fama, tsohon soja ne, ya ɗauko Hausar bariki da ya ji da kunnensa ya gina mutum guda da ita, har sojoji da kansu suke ganin Samanja ɗan uwansu ne. Ya rasu ran 12 ga Nuwamba 2023. A Nijar, su Yazi Dogo da ƙungiyoyin wasa na Damagaram sun shekara suna wasa ba tare da rubutaccen zance ba, a tsara labari kawai, kowa ya san matsayinsa, a yi ta gwaji har maganar ta zauna a baki. Ita kanta masana'antar Kano da Malam ya ce daga sama ta faɗo, ƙungiyoyin wasan daɓe ne suka haife ta. Tumbin Giwa ce ta yi Turmin Danya a 1990, kuma ga su Jigon Hausa da Gyaranya. Jami'ar Ahmadu Bello ta fara koyar da wasan kwaikwayo tun 1975, ta gina gidan wasa da jar ƙasa a Samaru, ɗalibanta suna kai wasa ƙauyuka irin su Soba da Maska da Bomo. Aiki mai kyau suka yi. Sai dai kaɗan ne daga cikin masu wannan takarda suka shiga fim ɗin Hausa lokacin da yake rarrafe, 'yan kulob ne suka ɗauki wahalar.

Bari in tsaya a kan Rabilu Musa Ibro, don na san shi ne irin mutumin da Malam yake nufi ko da bai kira suna ba. Tsohon gandiroba ne daga yankin Wudil, kuma masu ganin kansu wayayyu sun daɗe suna kiran abin da yake yi camama. Finafinansa da yawa an yi su da gaggawa, labarin a warwatse, wannan kowa ya sani. Amma a kalli mutumin shi kansa. Ya san daidai lokacin da zai yi shiru. Ya san yadda zai juyo ya kalli abokin wasa daƙiƙa ɗaya bayan lokacin da kake tsammani, kuma a wannan daƙiƙar dariyar take. Makarantun Landan shekara uku suke yi suna neman cusa wa ɗalibi wannan, wasu har su gama ba su samu ba. Da ya rasu ran 10 ga Disamba 2014, a gidajen kallo da majalisun shayi na Azare mutane sun yi jimami kamar ɗan unguwa aka rasa.

To in muna da duk wannan, me ya lalace? Abubuwa biyu, kuma babu wanda ya shafi takarda. Na farko, wuraren da ake gogewa sun rufe ɗaya bayan ɗaya. Kulob ɗin dirama a makarantun gwamnati ya mutu tare da ɗakin karatu da filin wasanni. Gidajen rediyo da talabijin na gwamnati, waɗanda a da suke riƙe da 'yan wasa suna fitar da shiri kowane mako, sun koma sayar da lokaci ga mai kuɗi. Yau ɗalibin sashen Hausa yana karanta Jatau Na Kyallu don ya amsa tambaya a kan jigo da salo, ya gama digiri bai taɓa furta layi ɗaya a gaban mutane ba. Wannan ma mai takarda ne, a lura.

Na biyu, yadda ake yin fim ɗin. Na taɓa tsayawa kallon wasu da suka zo lokeshin a wajen gari. Da hantsi motar ta iso daga Kano. A nan jarumar ta fara ganin sikirif, a nan kuma ta fara ganin wanda zai fito a mijinta na shekara goma. Wani yaro yana tsaye bayan kyamara da takarda, ya karanta layi, ta maimaita, a yanke, ya karanta na gaba. Janareta yana ta ƙugi, mai gidan da aka ara yana leƙowa yana duba agogo, darakta yana cewa kafin magariba sai an gama duk fitowar da ke cikin gidan nan. Ba a yi gwaji ko na minti biyar ba. A ɗauko Judi Dench a ajiye ta a wannan tsakar gida, a ce ta maimaita abin da yaro ya karanta mata, mu ga ko Oska za ta zo. Furodusan ma ba mugunta ce ta sa shi haka ba. Tun zamanin kaset da faifai, 'yan kasuwar Ƙofar Wambai da Bata su ne masu yanke abin da zai sayu, masu satar fasaha suna jira a bayan gida, kowace rana da aka ƙara a lokeshin asara ce. Da kasuwar faifai ta rushe aka koma YouTube, sai gaggawar ta ƙaru, don kowane mako sai an saki sabon kashi.

Duk da haka a nan ne hujjata ta fi fitowa. Tun da tashar Arewa24 ta fara aiki a 2014, aka samu shirye-shirye masu dogon zango irin su Daɗin Kowa da Kwana Casa'in, daga baya ga Labarina na Aminu Saira. 'Yan wasa ɗaya, matsayi ɗaya, shekara da shekaru, da rubutaccen labari a hannu kafin ranar ɗauka, da biyan da mutum zai iya lissafi da shi. Sai ga fuskokin da ba a san su ba sun fito suna wasan da ya fi na wasu taurari. Ba a aika su Landan ba, ba a tambaye su takarda ba. An dai ba su wani yanki na abin da ƙungiyoyin garuruwan Birtaniya suke ba nasu.

Dokar takarda kuwa, a duba waɗanda za ta kora. Ali Nuhu ilimin ƙasa ya karanta a Jami'ar Jos, kuma shi aka naɗa shugaban Hukumar Finafinai ta Nijeriya a Janairun 2024. Ibro da Samanja ba sa cikin lissafi. Matan da suka shigo sana'ar bayan mutuwar aure, waɗanda da yawa aka cire su daga makaranta tun suna ƙanana, su ne za su fara fita. Hukumar tace finafinai ta Kano tana nan tun 2001 tana rajistar 'yan wasa, a ƙara wani shinge a kan wannan, shingen karɓar kuɗi kawai zai zama. Wanda zai fi kowa shan wuya shi ne ɗan Guddiri, wato ɗan ƙasarmu ta Katagum, da ba shi da kowa a Kano. A lokeshin ɗin da na faɗa akwai wani saurayi ɗan gari, gwani ne a wata ƙungiyar dirama, aka ba shi matsayin maigadi. Layi biyu ne, ya faɗe su da Hausarmu ta nan, darakta ya ce ya sake, ya yi irin ta Kano. Ya sake, maganar ta mutu a bakinsa, aka sallame shi da kuɗin mota. A fim ɗinmu Kananci ne harshen soyayya da na arziki, sauran kare-karen Hausa sai in ana neman dariya. Ingila ma ta yi wannan cuta, kowa sai ya yi magana irin ta 'yan boko na kudu, har sai da irin su Albert Finney ɗan Salford suka fito a wajajen 1960 da harshen unguwarsu, fim ɗin ƙasar ya samu sabon jini. Makarantar da Malam yake so, in ba a yi hankali ba, ita ce za ta ƙarasa goge Guddiranci daga bakin yaranmu.

Batun gini ba zan daɗe a kansa ba. Gidan wasa na ƙasa da ke Iganmu a Legas an gina shi don bikin FESTAC na 1977, ya shafe shekaru rufi yana yoyo kafin bankuna su ɗauki nauyin gyaran sa. Ƙauyen fim da gwamnatin tarayya ta yi niyyar ginawa a Ƙofa ta Jihar Kano a 2016 ko tubali ba a aza ba, saboda malamai da jama'a sun tayar da ƙura. Wannan ƙura Malam ya tsallake ta kamar babu ita, alhali ita ce tambayar farko da uban kowace yarinya zai yi. Babban gini da ake shiga da dare, a idon mutanenmu, gidan silima ne da sabon suna.

Azare ba ta rasa ɗakuna ba. Akwai ɗakin taro a Kwalejin Ilimi ta Aminu Saleh, akwai a jami'ar jiha da ke Gadau, wadda yanzu take ɗauke da sunan Sa'adu Zungur, akwai a makarantun sakandare, kuma yawancinsu a kulle suke in ba taron siyasa ko walima ba. Abin da nake ganin zai yiwu shi ne ƙungiya ɗaya ta mutum goma sha biyu zuwa sha biyar, maza da mata, da alawus na wata ko da kaɗan ne, ƙananan hukumomin masarautar Katagum su yi karo-karo, a ɗan sa kuɗin shiga don 'yan kallo su ji suna da haƙƙin yin gunaguni. Sabon wasa kowane wata, mako uku na gwaji. A yi shi tsakanin la'asar da magariba, ƙofa a buɗe, mata gefe maza gefe, a gayyaci limami da mai unguwa su zauna a gaba. A fara da tsofaffin littattafan da kowa ya yarda da su, sannan a nemi malaman Hausa su rubuta sababbi a kan abin da ya dame mu, rikicin manomi da makiyayi, ambaliyar kogin Jama'are, bashin biki. A yi a Azare, a kai Cinade da Madara da Giyaɗe da Yana da Gamawa, a kai tsohon garin Katagum da aka taso da sarauta daga cikinsa a 1916. A naɗi muryar a ba rediyo. Masu digirin wasan kwaikwayo, waɗanda ba ni da komai a kansu sai girmamawa, ga inda za su yi amfani: su zama masu ba da horo da daraktoci, a biya su.

Sai dai ko an yi haka, akwai abin da zai sa iyaye su ci gaba da janye 'ya'yansu, kuma maƙalar ba ta taɓa shi ba. Abdullahi Shu'aibu Karkuzu, wanda ya ba arewa dariya shekaru masu yawa daga Jos, ya ƙare rayuwarsa ido ya tafi, yana neman taimakon jama'a a kan wurin kwana, har sai da ɗan ƙwallo Ahmed Musa ya saya masa gida. Kusan duk shekara sai an ga hoton wani tsohon ɗan wasa a gadon asibiti ana yawo da lambar asusu a Facebook. Babu fansho, babu kason da yake dawowa in an sake nuna tsohon shiri, babu ƙa'idar mafi ƙarancin sallama da furodusa yake tsoron karyawa. Ina roƙon Malam, tun da alƙalaminsa yana kaiwa inda nawa ba ya kaiwa, maƙalarsa ta gaba ya bincika mana nawa ake biyan wanda ya fito a uban jaruma a fim mai dogon zango, kwana nawa ake ba shi da sikirif kafin ɗauka, da kuma wanda yake biyan kuɗin motarsa in daga Azare ya taso.